So Fa Mi

Ranar Laraba ce, bayan la'asar. Ina kan keken ɗinki ina haɗa hannun wata riga, sai na ji murya daga bayan ɗaki, wajen igiyar shanya. Murya siririya, a miƙe, babu gargada. Na tsayar da ƙafata. Da farko ban gane mai ita ba, kuma wannan kaɗai ya isa abin kunya ga uwa, don muryar 'yata ce, Nafisat.

Nafisat tana da in'ina. Shekarunta takwas, amma kafin ta ce "Mama, ruwa" sai ta yi kokawa da harafin farko har jijiyar wuyanta ta tashi. Mun je asibiti a Kazaure, an sha rubutu, kowa ya ce a yi haƙuri za ta daina. To ga shi yau tana jan murya kamar ana warware zare. Na ɗaga hannu ke nan zan yi hamdala, sai kunnena ya kama abin da take faɗa.

"So fa mi... so fa mi... la, so."

Na sake kasa kunne. Haka ne dai. Mu a nan Babura kullum muna cuɗanya da mutanen Nijar a kasuwa, kowa ya san su ba sa cewa "me", sai "mi". So fa, mi? Wato so fa, mene ne shi? Sannan ta amsa wa kanta: la, so! Yarinya 'yar aji uku.

"Ke! Zo nan."

Ta zo da jiƙaƙƙen ɗankwali a hannu.

"Wa ya koya miki wannan?"

"Ma-ma-malam Sammy."

"A ina?"

"A w-wajen waƙa."

Na san da zancen waƙar. Tun farkon zango babanta ya yarda ta riƙa tsayawa Talata da Laraba, awa guda bayan an tashi, tare da 'yan waƙar makarantarsu. Ni 'yar Roni ce, aure ne ya kawo ni garin nan, kuma a firamarenmu iyakarmu taken ƙasa a asembili. Na ɗauka irin wannan ne.

"Daga 'so fa mi' sai me?"

"Ya ce s-sauran maganar sai mun iya wannan zai gaya mana."

"Wace magana?"

"Ya ce b-ba yanzu ba. Wai ba mu kai ba."

Na ce ta kawo jakarta. A ƙasan littattafai na sami wani ƙarami mai shafi ashirin wanda ba ni na saya mata ba. A ciki babu jimla ko ɗaya, haruffa ne kawai a jere, s, f, m, l, da ɗige-ɗige da sanduna a tsakaninsu. Na gama sakandare, na san Hausa da Turanci da ajami daidai gwargwado, amma ban taɓa ganin rubutu irin wannan ba. Abin da aka rubuta yadda uwa ba za ta iya karantawa ba, me ake ɓoyewa a cikinsa?

Maigidana Ashiru ya bi lodin gero zuwa Kano, sai na kira shi. Hayaniyar kasuwa ta cika wayar.

"Abban Nafisat, wannan Malam Sammy ka san shi?"

"Ɗan marigayi Malam Toma? Wa bai san shi ba? Lafiya?"

"Waƙar da yake koya musu ce ban gane mata ba."

"Haba, Sadiyya. Abin da aka daɗe ana yi? Ni da na je gwajin shiga waƙar, Malam Toma cewa ya yi in je in taya jakin Sarkin Pawa kuka, ya fi bukatata." Ya yi dariya. "Ki tambayi Inna mana. Bari, ana awo."

Inna Shatu mahaifiyarsa ce, sashenta yana jikin namu, katanga ɗaya. Amma ta yaya? In tsaya gaban surukata in buɗe baki in ce jikarki tana waƙar so? Shekara tara ina gidan nan ko sunan Nafisat ba na kamawa a gabanta, balle wannan kalma. Na je har bakin ƙofarta, na same ta tana jijjiga ƙaramin ɗana a cinya tana yi masa ɗan gunguninta da ta saba, na gaishe ta, na tambaye ta ko akwai daddawa, na dawo.

Maimakon haka sai na nufi gidan Ma'u, maƙwabciyata, don ita ma 'yarta Khadijat tana cikin 'yan waƙar. Na nuna mata littafin, na faɗa mata kalmomin a hankali.

Ma'u ta dafe ƙirji. "Innalillahi! Wallahi ita ma Khadijat tana yi. Ni na ɗauka shirmen yara ne. So fa mi? Namiji, gwauro, ya tara 'yan mata yana tambayarsu mene ne so?"

"Da maza a ciki," na ce.

"Na rufe ido ne. Kuma ba ki ga ba ma addininmu ɗaya ba? Wa ya sani ko..."

"Ma'u, ni abin da na ji kawai na gaya miki. Ki bari in bincika. Don Allah kada ya wuce nan."

"Haba, ni da ke?"

Ranar Talata na bar yaron wurin Inna, na ce zan sayo zare. Na zaga ta bayan makarantar, na tsaya gindin wata darbejiya kusa da tagar aji shida. Abin da na fara gani shi ne ƙofar ajin a rufe. Ba a sa sakata ba, amma a rufe take ruf. Taga ɗaya ce a buɗe, ita ma rabi.

Na leƙa. Yara sun kai talatin, mata a dama, maza a hagu. Malam Sammy yana gaba, dogo, siriri, da alli a gefen wandonsa. Bai cika magana ba. Da hannu yake yi musu alama. Ya dunƙule hannu su ce "do", ya miƙe tafi su ce "so", ya karkata yatsa ƙasa su ce "fa". Ko ya juya baya ya ɗaga hannu, sun san abin da yake nufi. Na ga Nafisat a benci na biyu, idonta a kan hannun nan ko ƙiftawa ba ta yi, fuskarta a sake yadda ban taɓa ganinta a gida ba. Wannan ya fi komai tayar mini da hankali. Yaren hannu tsakaninsa da 'yata, wanda ni ban sani ba.

Na tsaya awar nan cur. Gaskiya ita ce ban ga ya taɓa kowa ba, ban ji ya faɗi wata kalmar banza ba. Da aka tashi ya buɗe ƙofa, ya tsaya har yaran suka fita duka. Amma na ce a raina, ai ɓarawo ba kullum yake sata ba. Kuma me ya sa ake rufe ƙofa?

Na dawo gida na tarar wayata cike da saƙonni. Ma'u ta saka saƙon murya a guruf ɗin matan unguwa, minti huɗu. Ta ce wata baiwar Allah ta kama littafin asiri a jakar 'yarta. Kafin magariba littafin ya zama laya. Washegari an ce ana kulle yara da kwaɗo. Ran Alhamis wata ta rantse cewa an ga ana ba su wani abu a kofi.

Na je na sami Ma'u. "Ba haka muka yi da ke ba."

"To in yi shiru 'ya'yan mutane su lalace? Ai ban kama sunanki ba."

Sati na gaba yara tara ne suka tsaya. Nafisat ba ta cikinsu, ni na hana ta. Ba ta yi mini gardama ba, don gardama sai da baki. Ta daina waƙar, ta kuma rage maganar ma. In na tambaye ta abu sai ta ɗaga kai ko ta girgiza. Da na matsa mata ta gaya mini abin da za ta ci, ta yi ta fama da "sh-sh-sh" har ta haƙura ta nuna tukunyar shinkafa da yatsa. Na juya baya don kada ta ga idona. Amma na ce gara ta yi shiru a gabana da ta yi waƙa a bayan rufaffiyar ƙofa.

Ran Juma'a aka aiko da takarda: hedimasta yana kiran iyaye Asabar da safe, a yanke shawara ko a rushe ƙungiyar waƙar. A ranar ce Inna ta dawo daga barka, ko mayafi ba ta cire ba ta aika a kira ni.

"Zauna, Sadiyya. An ce a jakar jikata aka ga littafin nan."

Na sunkuyar da kai.

"Ba abin da aka ce nake so ba. Ke me kika ji da kunnenki?"

"Inna, maganar ba ta faɗuwa."

"Ta faɗu a waya gidaje ɗari, a ɗakina ne ba za ta faɗu ba?"

Na kalli tabarma na faɗa, muryata can ƙasa. "So fa mi."

Na jira salati. Sai na ji shiru. Da na ɗago, Inna ta rufe baki da gefen mayafi, kafaɗunta suna rawa. Sannan ta goge ido, ta gyara zama, ta miƙe bayanta kamar 'yar makaranta. Matar da ta haura hamsin da biyar ta dunƙule hannu a gaban cikinta, ta fara ɗaga shi hawa-hawa.

"Do, re, mi, fa, so, la, ti, do." Ta sauko. "Do, ti, la, so, fa, mi, re, do. Kin ji son naki a ina yake zaune? Tsakanin fa da la. Tsani ne, 'yar nan. Sunayen matakan murya ne. Ba su da wata ma'ana, kamar a ce alif, ba, ta."

"To sauran maganar da ya ce ba su kai ba?"

"Baitin waƙar mana. Ka'idar Malam Toma ce: ba a ba yaro kalma sai ya riƙe murya. Ya ce in ka ba yaro kalmomi da wuri, ihu zai yi da su. Mu wata uku muka yi muna so fa mi kafin a ba mu ko harafi."

Sai ta rera: so fa mi, so fa mi, la so. Ta sake rerawa a murya ɗaya, amma da kalmomi.

"Damina, damina, sannu,
gero ya ji ki ya ɗaga kai."

Gunguninta ne. Wanda take yi wa ɗana a cinya, wanda ta yi wa Nafisat tana jaririya, wanda na ji sau dubu ina wanke-wanke ban taɓa sauraron sa ba. Na rasa inda zan sa fuskata.

Inna ta ba ni labarin, ba don ta sanyaya mini rai ba, don dai in san abin da na taɓa. Ta ce tana aji biyu aka kawo Malam Toma daga wajen Kafanchan, shi da amaryarsa Dinatu da akwatin ƙarfe guda. Ya tara yara goma sha biyu, ita ce ƙaramarsu. Shi yake tsara muryar, baitocin kuma wajen tsofaffin gari yake nema, ko ya sa yaran su ƙirƙira. Sun yi waƙar shuka, sun yi ta wanke hannu a shekarar da amai da gudawa ya shigo, sun je gasa Kazaure a bayan akori-kura sun dawo da garkuwa, gari ya fito tarya har bakin tasha. Ta lissafa mini waɗanda suka bi ta hannunsa: ladanin masallacin unguwarmu, da wata ungozoma a Gwiwa, da mai shelar nan da ke zagaya kasuwa da lasifika.

"Kina ji ladanin nan bai taɓa shaƙewa a kiran asuba ba? Malam Toma ne ya koya masa inda ake ajiye numfashi."

"Inna, a lokacin iyaye ba su yi zargi ba?"

"Wa ya gaya miki? Babana cewa ya yi waƙar coci ce, ya ɗauko sanda. Malam Toma bai yi fushi ba. Ya gayyato liman ya zauna ya ji da kunnensa. Daga nan ya kafa doka biyu: ƙofa a buɗe, kuma mace babba a zaune a ciki. Dinatu ce take zama da kwandon saƙarta, shekara da shekaru."

Na ɗago kai sosai a karon farko. "Inna, na je na gani da idona. Ƙofar a rufe take. Kuma babu mace."

Dariyar ta bar fuskarta. "Dinatu ta koma gida bara, ciwon gwiwa," ta ce a hankali. "Ashe ba a maye gurbinta ba." Ta dube ni. "To gobe sai ki faɗi duka biyun. Wanda kika yi kuskure da wanda kika gani."

Asabar aji shida ya cika, maza a gaba, mu mata a baya. Malam Sammy yana tsaye gefen allo, akwatin ƙarfen nan mai tsatsa a gaban ƙafarsa. Ya rame a sati biyu. Hedimasta ya ba shi dama, ya buɗe akwatin ya fito da littattafai, wasu takardunsu sun yi ja, kowanne da sunayen yaran shekararsa.

"Iyayena, a garin nan aka haife ni," ya ce. "Cibiyata tana bayan gidajen malamai. Jiya na je sayen nama, mutumin da muka yi aji ɗaya ya kawar da kai. Ni ban san laifina ba. In an gaya mini zan gyara, in kuma an ce in bari zan bari."

Wani daga gaba ya ce a rushe kawai a huta, rigakafi ya fi magani. Aka fara "haka ne, haka ne". Sai na miƙe.

"Malam hedimasta, ni ce baiwar Allahn da aka ce ta kama littafi. Sunana Sadiyya, matar Ashiru mai hatsi."

Na faɗi abin da na ji, da yadda na fassara shi. Da na kai kan "so fa, mi?" wani dattijo ya tuntsire da dariya har hularsa ta faɗi, ya ce shi ma ɗan waƙa ne na shekarar garkuwa. Dariya ta zaga. Na tsaya ta lafa, kunnuwana kamar an zuba musu barkono.

"Babu laya, babu kwaɗo, babu kofi. Ni na jawo, kuma Malam Sammy ka yafe ni." Ya sunkuyar da kai. "Amma ina da tambaya. Me ya sa kake rufe ƙofa?"

Ya nuna wajen taga. "Maman Nafisat, injin markaɗen nan na bayan katanga ne. In ya tashi yara ba sa jin junansu."

"Na yarda. Amma mahaifinka ya bar doka biyu, kuma duka biyun babu su yanzu. Ni ban san ka ba sai a bakin mutane, kuma ko na san ka, 'yata ba za ta zauna bayan rufaffiyar ƙofa da kowane namiji ba, ko da ƙanina ne. A koma ajin da ke nesa da injin. A buɗe ƙofa. A sa mace."

"Wace macen ce za ta bar aikinta ta zo ta zauna?" in ji Ma'u daga gefena, ba ta ko kalle ni ba.

"Ni. Sa maɓalli da kalmasa ba sai a kan keke ba."

Malam Sammy ya dubi akwatin. "Da Baba yana raye da ya riga ki faɗa," ya ce. "Kujerar Mama tana sito. Ƙafa ɗaya ta karye, zan gyara."

Ba a rushe ba. Amma magana zarar bunu ce. Talatar farko yara goma sha huɗu suka zo, yanzu sun kai ashirin da ɗaya. Khadijat ba ta dawo ba. Sau uku ina zuwa wurin Ma'u, tana ce mini ita dai hankalinta bai kwanta ba, kuma ba ni da bakin ce mata ta yi sauri, tunda ni na ɗaga shi.

Mun koma aji biyu, can ƙarshen makarantar. Ƙofarsa iska tana mayar da ita, don haka na samo dutse, ni nake tokare ta da kaina kafin in zauna. Ina ɗinki, amma ina ƙirga yaran in sun shigo, ina ƙirga su in za su fita. Littafin Nafisat kuma har yanzu ina duba shi duk Laraba, sai dai yanzu Inna ta koya mini karanta shi.

A sati na biyar Malam Sammy ya ajiye alli ya ce, "Yau kun kai." Ya rubuta baitin a allo. Ya miƙe tafin hannunsa, ya nuna benci na biyu.

Nafisat ta tashi. Na ga leɓenta ya fara rawa a kan harafin farko, allurar ta tsaya a hannuna. Sai ta ja numfashi daga ciki, yadda aka koya mata.

"Damina, damina, sannu..."

Har ƙarshe, ba ta yi tuntuɓe ko sau ɗaya ba.

A hanyar gida ta kama gefen hijabina. "Ma-ma-mama, kin ji?"

"Na ji."

"K-kin soke yatsanki."

Na duba, ashe kuwa jini ya ɓata wuyan rigar mutane. Na ce ta yi sauri mu je a jiƙa kafin ya kama.